Sunan da Mma Adizatu Ba Ta Taɓa Kira Ba

Duk wanda ya tashi a Zangon Kumasi cikin shekaru arba'in ɗin nan, ko bai san fuskar Mma Adizatu ba, ya san muryarta. Ita ce mai guɗa. In an yi haihuwa a lungunsu, ita ake fara aika wa kafin a nemi mahauci. In an kawo amarya, sai ta kama hanci ta rangaɗa guɗa har masu sayen kifi can bakin titi su juyo. Sauran ranaku kuwa tana kasuwar Kejetiya da tukunyar koko da kwandon ƙosai, kusa da inda motocin Tamale suke lodi. Direbobi sukan ce in Mma Adizatu ta kira koko, har wanda ya riga ya zauna cikin mota sai ya sauko.

Mahaifinta, Malam Buraima, bafataken goro ne. Daga Dogon Dutsi ya taso, ya yi shekaru a Salaga, sannan ya gangaro Kumasi ya gina gida mai ɗaki shida. Da ya rasu, abin da ya bari shi ne gidan nan, da akwatin ƙarfe guda, da 'ya'ya biyu: Adizatu da ƙanenta Seini, wanda yake ɗinki a unguwar Adum. Ya kuma bar musu tarbiyya irin ta mutanen da, wadda Adizatu ta riƙe ta fi kowa. A cikin tarbiyyar nan akwai kunyar ɗan fari. Uwa ba ta kama sunan ɗanta na farko, ba ta yabonsa a gaban mutane, ba ta nuna ta damu da shi. 'Yan matan Zango na yanzu dariya suke yi in sun ji wannan, amma ita har ranta ta ɗauke shi.

Ɗanta na fari Issifu ne. Ranar da ta kai shi awo, malamar asibiti ta tambayi sunan jariri, sai ta sunkuyar da kai ta zunguri maƙwabciyarta, ita ta faɗa. Ranar sa shi makaranta ma haka aka yi. In tana nemansa sai ta tsaya a ƙofar gida ta ɗaga murya ta ce, "Kai ɗan nan!" Yara ashirin na wasan ƙwallo a fili, amma shi kaɗai zai baro su ya taho da gudu.

Da ya girma ya zama makaniki a Magazin, unguwar masu gyaran mota, yakan zolaye ta. Wata rana ya dawo aiki hannu duk baƙin mai, ya tsuguna gefen murhunta ya ce, "Mma, sau ɗaya dai. Ki ce Issifu, in sayo miki atamfa turmi guda, mai tsadar nan."

"Tashi ka ba ni wuri, mara kunya," ta ce, tana juya ƙosai.

"To, rabin sunan. Ki ce Isi kawai, in sayo ɗankwali."

Ta ɗaga matsami kamar za ta buge shi, ya ruga yana dariya. Ƙanwarsa Safura ta ce har ya fita ƙofa Mma tana murmushi, sai dai ta juya wa ƙofar baya don kada ya gani.

Yana da shekara ashirin da tara ya bi hanyar Libiya tare da wasu samari na unguwa. Kiransa na ƙarshe daga Agadas ya zo. Ya ce gobe za su shiga mota, in sun ƙetare rairayin hamada zai buga. Bai buga ba. Biyu daga cikin samarin sun dawo bayan shekara uku, suka ce ba mota ɗaya suka shiga da shi ba. Wani ya ce an gan shi a kurkuku, wani ya ce a'a, a Italiya yake, ya auri baturiya ya manta gida. Mma Adizatu ba ta yi kuka a gaban kowa ba, don ɗan fari ne. Ta ci gaba da koko, ta ci gaba da guɗa a bukukuwan 'ya'yan wasu. Abu ɗaya kawai ta ƙi, wato a yi masa addu'ar mamaci.

Shekara tara ana haka. Ran nan bayan la'asar Seini ya zo gidan, ya zauna a kan benci, ya cire hula ya ɗora a gwiwa.

"Yaya, maganar nan dai ce. Malamai sun ce lokaci ya yi tuni. In yaron nan ya rasu, muna tauye masa hakki. Ko shinkafa tiya biyu a dafa, a tara mutane, a yi masa addu'a."

"In kuma yana raye fa? In zauna in ci shinkafar mutuwar mai rai?"

"To yaya za a yi a sani? Shekara tara, Yaya."

Ta ci gaba da tsince wake. Can ta ce, ba tare da ta ɗago ba, "Akwai takardar Baba."

Seini ya mayar da hularsa ka. Ya san takardar da take nufi. A ƙasan akwatin ƙarfen nan take, cikin gafakar fatar akuya da ta bushe ta yi tauri. Malam Buraima ya same ta a Salaga wajen wani tsoho da ya ce shi ma gadonta ya yi, ba wanda ya san wa ya rubuta ta, ko yaushe. Wasiyyar Malam a kanta biyu ce: kada a ƙone ta, kada a karanta ta da ƙarfi. Seini ya taɓa buɗe ta sau ɗaya bayan rasuwar tsohon, ya ga ba bisimilla a farkonta, ya mayar ya rufe.

"Wannan ba abin musulmin kirki ba ne," ya ce.

"Ka karanta mini. In na ji da kunnena, ranar Lahadi a yi addu'ar. In ba haka ba, sai dai ku yi bayan raina."

A ransa Seini ya ɗauka tatsuniyar tsofaffi ce. Za ta gwada, ba abin da zai faru, ta gaji ta yarda. Saboda haka ya sa Safura ta jawo akwatin. Warƙoƙin goma sha ɗaya ne, ba ɗinki, sun yi ja kamar an jiƙa su da ruwan goro, rubutun ajami ne ƙanana. Ya riƙa bi da yatsa a zuci, yana faɗa mata ma'ana da bakinsa.

Takardar ta ce duniya kamar gida ce mai zaure bakwai. Ƙafa zaure na farko kaɗai take takawa, ido yakan leƙa na biyu a mafarki, amma murya tana ratsa su duka in an san yadda ake aika ta. Mai son aikawa zai kame bakinsa kwana uku, ko tari ya danne, don muryar ta taru ta yi nauyi. Zai nemi sabuwar randa wadda ruwa bai taɓa shiga ba. Da tsakar rana, lokacin da inuwar mutum ta shige ƙarƙashin ƙafarsa, zai sa fuska cikin randar ya kira wanda yake nema da sunansa na yanka. Mai rai ba ya jin wannan kira. In an ji shiru, mutumin yana duniya. In kuwa an amsa, a kife randar nan take, kada a mayar da magana, don wanda ya mayar, muryarsa ta zama ta can.

"Kin ji ko? Ki kira shi da sunansa, shi ke nan," in ji Seini. Ya nannaɗe takardar ya tafi masallaci. Bai ko tuna ba cewa matar da yake gaya wa haka ta yi shekara talatin da takwas ba ta furta sunan ba.

Kwana ukun nan sun yi wa Mma Adizatu tsawo. Ta fita kasuwa kamar kullum, amma Safura ce ke kiran koko da 'yar siririyar muryarta. Mamunatu mai burodi, wadda suka yi shekara ashirin rumfa na jingine da rumfa, ta leƙo ta ce, "Ei, Adiza! Yau rediyon Kejetiya ba batir? Ko sabon miji ka samu, ya ce ka daina ihu?" Mma ta yi mata daƙuwa da hannu, aka yi dariya. Amma a rana ta uku ita kanta ta fara jin abin. Maƙogwaronta ya yi nauyi kamar ta haɗiye ƙwallon goro ya tsaya, kuma duk maganar da ta danne tana nan a ƙirji tana motsi.

Ranar Alhamis 'yar dako ta kawo randar daga layin masu tukwane, aka ajiye ta bayan madafa. Da rana ta take tsaka gidan ba kowa, 'yan haya duk sun fita nema, yara suna makaranta. Safura ta tsaya a bakin ƙofa tana gadi. Mma Adizatu ta dubi ƙasa, ta ga inuwarta ta shige ƙarƙashin silifas. Ta durƙusa, ta dafa bakin randar, ta sa fuska. Ciki na warin ƙonanniyar ƙasa.

Ta buɗe baki. Sunan yana nan a kan harshe, ta san shi kamar yadda ta san tafin hannunta, amma harshen ya ƙi ɗagawa. Ta ji kamar za ta kwance zane a tsakiyar kasuwa. Ta sake gwadawa, ya ƙi. Ga murya ta taru tana neman hanya, ga inuwa za ta fara fitowa. Sai bakin ya yi abin da ya saba.

"Kai ɗan nan! Ina kake? Ka zo gida!"

Muryar ba ta dawo mata ba yadda randa ke mayar da murya. Tafiya ta yi, ta yi ta tafiya, kamar dutsen da aka jefa rijiyar da ba ta da ƙasa. Sai iska mai zafi ta bugi fuskarta.

"Na'am."

Kafin ta numfasa wani ya ce na'am, wani kuma ya ce na'am. Murya goma, murya ɗari, duk na samari, duk a bushe. Wani da Hausa, wani da Tonanci, yaren mutanen Kumasi, wani da Zabarmanci, wani da harshen Dagomba, wasu da harsunan da ba ta taɓa ji ba ko a tashar mota. "Na'am, Mma." "Mame, ga ni." "Inna, muna zuwa." Duk 'ya'yan da rairayi ya cinye, waɗanda ba a san inda suka kwanta ba, sun ji uwa ta kira ɗa ba ta faɗi wanne ba, kowa ya ɗauka shi ne.

Ta faɗi da baya. Safura ta rugo ta kife randar.

"Mma, da Yaya Issifu a ciki?"

"Ban sani ba," ta ce. "Sun yi yawa."

Kashegari da tsakar rana matar wani ɗan haya ta je ɗiban ruwa ta tarar da tankin gidan ƙaf, alhali da safe aka cika shi. Aka ce ko ya huje ne, aka duba ba huji, ƙasan tankin ma a bushe. Rana ta biyu bokitai suka bi, har da butocin alwala. Rana ta uku Safura ta sayo jakar ruwan leda ta ajiye a ɗaki, da azahar ta tarar kowace leda a liƙe yadda aka sayo ta, amma a shafe, ba ɗigo. A bakin kowace ƙofa kuma ana samun rairayi fari mai laushi, irin wanda babu shi a Kumasi, inda ƙasa ja ce. Ana sharewa, gobe ya dawo ya fi na jiya. Mma Adizatu kaɗai take jin sawayen. Da inuwa ta shige ƙarƙashin ƙafa sai ta ji ana jan ƙafafu a tsakar gida, a gajiye, daga wannan bokiti zuwa wancan.

Matar ɗan hayan tana da jariri. Ranar da ta ce nononta ya ɗauke tun tsakar rana, mijinta ya fara ɗaure kaya. A ranar Mma ta aika aka kira Seini.

Ya zo ya ga rairayin, ya ɗiba ya murza a yatsa. Ya sake buɗe takardar, wannan karo har gefe-gefe yake dubawa. A warƙa ta tara ya tsaya. Akwai wani ƙaramin rubutu a gefen, tawadarsa ba ta tsufa kamar sauran ba.

"Yaya," ya ce a hankali, "wannan hannun Baba ne."

"Me ya ce?"

"Ya ce kiran da ba suna na kowa ne. Kuma ba ya rufuwa sai da suna." Ya ɗago ya dube ta. "Me kika ce a cikin randar?"

Ta kau da kai. Safura ce ta faɗa masa. Seini ya dafe goshi.

"Laifina ne. Ni na san ki, ni ya kamata in tuna."

"Ka bar zancen laifi," ta ce. "In na kira sunan, sauran za su koma?"

"Haka aka rubuta. Amma Yaya, don girman Allah, in an amsa ki kife. Ko me kika ji, ki kife."

Ta sake kame baki kwana uku. Aka kai mai jego da jaririnta gidan 'yan'uwa a unguwar Kwadaso. Wannan karo Mamunatu ba ta yi zolaya ba, don ta ga yadda ƙawarta ta zabge. Abin da ta lura da shi kawai, Adizatu na zaune gaban kasko leɓɓanta na motsi ba sauti, kamar mai lazimi. Sunan take koyo. Tana kai harafin farko sai kunya ta rufe ta, ta waiga ko wani ya gani, ta sake farawa.

Ranar da kwana ukun suka cika, Seini ya rufe shago ya zo ya tsaya bayanta, Safura na ƙofa. Rana ta take. Rairayi ya kai idon sawu a bayan madafa. Suka tayar da randar, Mma ta durƙusa. Tun kafin ta sa fuska take jin su, suna gunaguni kamar tasha ranar jajibirin salla.

Ta rufe ido. Ta tuna shi tsugune gefen murhu, hannu duk baƙin mai.

"Issifu."

Gunagunin ya yanke kamar an datse shi da wuƙa. Iskar zafin ta tsaya. Ta saurara, shiru. Ta ƙirga numfashinta har bakwai, shiru. Wani abu ya taso mata daga ciki, mai daɗi har yana ciwo: yana raye, yana can wani wuri yana cin abinci, mara kunyar yaro. Hannunta ya tafi hanci da kansa, za ta yi guɗar da ba ta taɓa yi wa ɗan nan ba ko ranar sunansa.

"Na'am, Mma."

Daga nesa ƙwarai ta zo, a dushe, amma har da 'yar dariyar nan tasa a ciki.

"Ashe kin iya faɗa."

"Kife!" Seini ya daka tsawa. "Yaya, kife randar!"

Ta riƙe bakin randar da hannu biyu. Ta san sharaɗin, ta ji shi sau biyu. Tsokar hannunta ma ta ɗaure za ta tura.

"Mma," muryar ta ce, "ƙishi."

Seini ya kai hannu, ta ture shi da kafaɗa, tsohuwa mai shekara sittin da ɗoriya, har ya zauna a rairayi. Ta cusa fuska cikin randar.

"Ga ruwa nan, Issifu. Ga ruwa nan zuwa, ɗana."

Maganarta ta ƙarshe ke nan a duniya. Ta miƙe ta fizgi bokitin da Safura ta ɗebo daga maƙwabta, ta juye shi duka a ciki. Ba su ji ƙarar zubar ruwa ba. Da suka leƙa, randar a bushe take. Mma ta juyo ta buɗe baki za ta yi wa ƙanenta magana, sai iska kawai ta fito. Ta gwada sau biyu. Daga nan ta ɗaga yatsu ta ƙirga masa kwanaki har zuwa Lahadi, ta gyaɗa kai.

An yi addu'ar ranar Lahadi, an dafa shinkafa, mutanen Magazin sun zo da yawa. Ruwan gidan bai ƙara ɓacewa ba, rairayin da aka share bai dawo ba, mai jego ta komo da jaririnta. An kai Mma asibiti, likita ya haska maƙogwaro ya ce bai ga komai ba. Ta ci gaba da zuwa Kejetiya, Safura na kira, ita tana zubawa. A gidajen suna kuwa sai aka koma sa guɗa ta waya a lasifika, tsofaffi suna cewa ba ta kama ƙafar ta Adizatu ba. Kullum kafin rana ta take sai ta bar kasuwa ta hau mota ta dawo gida, ta juye bokiti guda a randar, ta zauna gefenta har inuwa ta fito. Ba ta yi kama da mai baƙin ciki ba. Wani lokaci ma akan ga kafaɗunta na rawa kamar an ba ta dariya.

Shekara biyu ta yi a haka, ta rasu bara cikin watan azumi, bayan gajeriyar jinya. Bayan addu'ar arba'in Seini ya zo da taɓarya zai fasa randar. Ya daɗe tsaye a kanta, sannan ya jingine taɓaryar ya ce, "In na fasa, ban san inda bakin hanyar nan zai koma ba." Takardar tana ƙasan akwati, an ƙara mata kwaɗo. Bokitin tsakar rana kuwa ya zama aikin Safura.

Watan jiya famfo ya ɗauke kwana huɗu a unguwar. Safura ta bi layin rijiyar burtsatse, ba ta samu ruwa ba sai da rana ta ɗan gota. Ta shigo gida da bokiti a ka, ba kowa a tsakar gida. Tana kaiwa kusa da madafa ta ji an kira ta, da cikakkiyar muryar nan da direbobin Tamale suka sani.

"Safura!"

Ita ba 'yar fari ba ce, sunanta bai taɓa yi wa Mma nauyi ba. Kuma tun da ta yi wayo ba ta taɓa barin uwarta ta kira sau biyu ba. Na'am ɗin ya riga ya hau harshenta, sai da ta ciji leɓe har jini ya fito. Ta juye ruwan, ta fita waje ta zauna a bakin titi cikin mutane har la'asar.

Yanzu dokar gidan ita ce, duk wanda ya ji sunansa da tsakar rana, kada ya amsa sai ya ga fuskar mai kira. Yara ma an koya musu. Safura ta ce da a ce cikin fushi ake kiran, da ya fi mata sauƙi. Amma Mma kira take yi irin na an sauke abinci, a zo a ci tun da zafi, kuma tun daga ranar nan ba ta fasa ba ko sau ɗaya.